Ƙarshen Majigin Idi

Shekarar da aka gina mana rijiyar siminti a ƙauyenmu, kudu da Gazawa, ita ce shekarar da Idi Mai Majigi ya zo. Ina da shekara tara, wana Ilu yana da goma sha huɗu. Idi ya iso da hantsi a amalanken shanu, da injin wuta da wani akwatin ƙarfe. Ya yini a bakin sabuwar rijiyar yana hira da duk wanda ya zo ɗibar ruwa. Bayan isha'i ya rataye farin ƙyalle a katangar maigari, haske ya fito daga akwatin, sai ga mutane da dawaki suna gudu a jikin bango.

Hoton baƙi da fari ne, kuma ba ya magana. Mutanen ciki suna motsa baki amma ba a jin komai. Idi ne bakinsu duka. Yana tsaye gefen ƙyallen da ƙoƙo biyu a hannu, in doki na sukuwa ya riƙa ƙwanƙwasa su a kan turmi, in mace ce ke magana ya ƙanƙance murya. Can ba ka sani ba sai hoton ya ɗauke, rubutun Nasara ya fito fari a kan baƙi, Idi ya dube shi ya karanta mana da Hausa. Labarin wani makiyayi ne na ƙasar Turawa, irin waɗanda ake kira kaboyi. Idi ya raɗa masa suna Mai Farar Malafa. Ɓarayi masu rufe fuska da ƙyalle suka kore masa garke, ya hau doki ya bi sawu. Ya bi su ta duwatsu, ya bi su ta fako, har ya hango shanunsa a ƙetaren wani kogi. Yana cikin gangarawa bakin ruwa, hadarin da ya yini yana haɗuwa a gabas ya kece. Iska ta tsinke ƙyallen, kowa ya ruga gida. Da gari ya waye Idi ya wuce, don wani gari na jiransa. Bai ƙara komowa ba.

Tun daga ranar nan noma ya fita ran Yaya Ilu. Ya lanƙwashe bakin malafarsa, ya shafa mata farar ƙasa, har gari ya riƙa kiransa Kaboyi. Ya bi 'yan koren shanu, ya yi fiye da shekara talatin yana kora dabbobin mutane daga kasuwa zuwa kasuwa, har ya tara nasa guda goma sha huɗu. Shekara uku da suka wuce ɓarayi suka kwashe su a dajin kan iyaka, rana tsaka. Ya bi sawu kwana huɗu, ya komo da sandarsa kawai. Bayan haka yanar ido ta rufe masa gani. Tun lokacin bai wuce ƙofar zaure ba, ko sallar Idi sai an yi da gaske.

Bana, da aka gama maimai gero ya fitar da kai, ya kira ni ya ce, “Laminu, kai da ake koya wa karatu yanzu, kana iya karanta allon hanya ba ka ɓata. Ka je ka nemo mini mutumin nan. Ka tambaye shi, Mai Farar Malafa ya samu shanunsa ko bai samu ba?”

Na yi dariya. Shi bai yi ba. To shi ne dalilin tafiyar da nake rubuta muku labarinta, ku 'yan ajinmu na yaƙi da jahilci da duk wanda takardar nan ta isa hannunsa.

Rana ta farko: daga gida zuwa Agye

Na fita bayan sallar asuba, ƙarfe shida saura kwata, da jaka ɗaya da littafin rubutuna. Ɗan kabu-kabu ya kai ni Gazawa, kilomita goma sha ɗaya, a kan dala ɗari da hamsin. Sau biyu na sauka na taka da ƙafa inda ruwa ya kwanta a hanya. Na karya da koko da ƙosai a tasha. Mota ba ta cika ba sai takwas da minti goma.

Direba ya ga ina duba littafi ina motsa baki, ya ce, “Malam, addu'ar hanya ce? A saka da mu.”

Na ce, “Sunayen garuruwa ne nake bita, kada ka wuce da ni.”

Ya ce, “Agye ce fa! Ko jaki ka hau ba ka wuce ta ba ka sani ba.”

Gaskiyarsa, kimanin kilomita ashirin ne, kafin ƙarfe tara mun isa. Abin da ya kai ni Agye shi ne, na taɓa jin wai Idi yakan ajiye kayansa a shagon wani tela a bakin kasuwa. Na tambayi mutum biyar kafin mai sayar da goro ya nuna mini gidan. Telan sunansa Baba Mamman, ya tsufa ya bar ɗinki, yana zaune a inuwar dogon yaro yana ɓarar gyaɗa. Da na ambaci Idi sai ya ture kwanon gyaɗar gefe.

“Allahu akbar! Ni na dalmashe masa bakin ƙyallen nan nasa. Mutumin yamma ne, daga wajen Gidan Rumji. Rabona da shi tun ɗana na fari bai yi aure ba.”

Na ce, “Baba, ka ga majigin har ƙarshe?”

“Sau biyu ma. Ai da ya ƙetare kogin sai ya kama ɓarayin, ya ɗaure su da igiya guda, ya kai su gaban alƙali. Aka mayar masa da shanunsa cif. Sai kuma ga wani manomi ya fito ya ce shanun sun yi masa ɓarna a gona. Alƙali ya ce, kai Mai Farar Malafa, an yi maka gaskiya, kai ma ka yi wa wani. Ya ba manomin ɗan maraƙi, suka rabu lafiya.”

“Da idonka ka gani, Baba?”

“Da idon wa zan gani, na aro?”

Ya hana ni wucewa ranar. Aka kawo mana tuwon gero da miyar ɗanyar kuɓewa, na kwana a zaurensa. Da na so, da daga nan na juya gida, ga amsa na samu mai daɗin ji. Amma abu ɗaya ya tsaya mini a rai. A ƙasar nan ta cikin hoto ban tuna na ga ko karan gero ɗaya ba, duwatsu ne da ƙaya. Ina manomi ya samu gona? Kuma Yaya bai ce in tambayi tela ba, Idi ya ce.

Rana ta biyu: daga Agye zuwa Gidan Rumji

Mun tashi ƙarfe bakwai da rabi. Daga Agye zuwa Maraɗi kimanin kilomita tamanin ne, ta Cadawa, kuɗin mota jikka ɗaya da rabi. Gonaki ne dama da hagu, gero ya yi tsawon da in mutum ya shiga ba a ganinsa. Allunan hanya suna wucewa da sauri fiye da karatuna, wani in kama farkonsa, wani in kama ƙarshensa.

Kafin mu shiga Maraɗi jandarmomi suka tsayar da mu, kowa ya miƙa katin ɗan ƙasa. Wani matashi cikinsu ya dubi nawa ya ce, “Baba, ina zuwa?”

Na ce, “Gidan Rumji, neman ƙarshen wani majigi.”

“Na yaushe?”

“Ya fi shekara arba'in.”

Ya miƙo mini katin yana murmushi. “To Baba, ka ɗan makara. Allah ya sa ba su tashi ba.”

Na sauka Maraɗi sha ɗaya da kwata, na ci wake da shinkafa, na yi azahar a masallacin tasha. Mota ta biyu ta tashi ƙarfe biyu, muka bi ta Tsibiri, kimanin kilomita hamsin, muka shiga Gidan Rumji uku da minti ashirin. Na nufi gidan Alhaji Nomau, dillalin shanu, wanda Yaya yakan sauka wurinsa zamanin da yake kora. Bagobiri ne, mu kuwa Katsinawa, don haka tun daga ƙofa ya fara tsokana.

“Wa nika gani haka? Bakatsine da littahi! Lalle tashin duniya ya matso. Ina Kaboyi?”

Na gaya masa halin da Yaya ke ciki. Ya daɗe yana juya hularsa a hannu. Da na faɗi abin da ya kawo ni bai yi dariya ba. Ya ce in taso mu je kara, wato inda ake cinikin dabbobi, ko da yake ba ranar kasuwa ba ce akwai tsofaffin da ba su rabuwa da wurin. A can muka tarar da wani dattijon Bafillace, Baffa Buba, zaune a kan buzu yana tufka igiya. Alhaji ya ce masa ga baƙo daga gabas yana cigiyar majigin Idi.

Baffa Buba ya ajiye igiyar. “Na gan shi. Har ruga ya kawo mana shi, muka ba shi nono da kaza. Mutumin nan mai farar malafa, wallahi ya san nagge.” Nagge saniya ce da Fillanci. “Da ya kai tsakiyar kogi bai harbi kowa ba. Tsayawa ya yi a kan doki, ya kira uwar garke da sunanta. Ta ɗaga kai. Ya sake kira. Ta yi kuka ta faɗa ruwa, sauran duk suka biyo ta. Ɓarayi suna tsaye da bindigogi sun rasa abin harbi.”

Alhaji Nomau ya ce, “Kai Buba, ji tsoron Allah! Nan cikin gari munka gan shi, ni ina gaba-gaba. Harbe su ya yi ɗaya bayan ɗaya, na ƙarshe ya hwaɗa rijiya.”

“Wace rijiya a bakin kogi, Alhaji?”

“To wace saniyar Nasara ka taɓa ji tana amsa suna?”

“Saniya saniya ce, ko ta wane ne. Kai dai sayarwa ka iya, ba ka san su ba.”

Suka yi ta yi har aka kira magariba, kowa na rantsuwa da idonsa. Ni dai na zauna na rubuta duka biyu ƙarƙashin na Baba Mamman. Ƙarshe uku ke nan ga majigi ɗaya, kuma ba wanda na ga alamar ƙarya a fuskarsa. A hanyar gida Alhaji ya gaya mini Idi ya rasu shekara tara da suka wuce, amma matarsa, Inna Tabawa, tana nan da rai a wani ƙauye arewa da Cadakori. Na ce ko ba komai kayan aikin suna nan, in na ga zaren majigin, wanda hotunan ke jikinsa, da idona zan san wanda ya yi daidai cikin su uku.

Rana ta uku: Cadakori da gaba

Alhaji ya sa aka dama mini fura a gora, ya haɗa ni da ɗan kabu-kabun da ya yarda da shi. Mun tashi bakwai daidai. Kimanin kilomita talatin ne zuwa Cadakori, rabi kwalta rabi jar ƙasa, muka isa takwas da kwata. Daga nan babur ba ya iya yashin, sai na taka. Awa ɗaya da minti ashirin na yi tsakanin gonaki, ina tambayar duk wanda na gamu da shi.

Na samu Inna Tabawa a tsakar gida tana gyaran yakuwa, 'yar tsohuwa siririya mai kaifin ido. Na durƙusa na gaishe ta, aka kawo mini ruwa da tabarma. Na ba ta labari tun daga rijiyarmu har zuwa gardamar jiya. Da na zo kan ƙarshe ukun nan sai ta kama dariya, har ta share ido da bakin zane.

“Wayyo Malam Idi, ka mutu ka bar mutane da gardama! Ɗana, duk gaskiya sunka hwaɗa maka, kuma ba wanda ya ga komi.”

Na ce, “Inna, ban gane ba.”

“Majigin nan ba shi da ƙarshe. Hannun wani direban babbar mota ya saye shi, gwangwani biyu. Direba ya ce akwai na ukku, shina kawo mai in ya komo. Har yau bai komo ba. Zaren yana ƙarewa daidai inda doki ya sa ƙahwa cikin ruwa.”

Ta bayyana mini yadda yake aikinsa. Ba ya isa gari da yamma, sai da hantsi. Zai yini a bakin rijiya, ko gindin bishiyar da ake hira, ko wurin masu sayar da fura, yana jan mutane da zance har ya san abin da ke ci wa garin tuwo a ƙwarya. In ya ji manoma na kukan ɓarna, ya riƙe. In ya ji an yi sata an rasa mai kamawa, ya riƙe. Da dare, zare na ƙarewa sai ya kashe fitilar ya ce injin ya yi zafi, kowa ya zauna inda yake kada a taka yara. A cikin duhun nan zai ci gaba da ƙwanƙwasa ƙoƙonsa yana ba da sauran labarin da baki, ya ɗinka wa kowane gari ƙarshen da ya dace da shi.

“Da sahe ka ji suna cewa sun gani,” in ji ta. “Shi kau sai ya zo gida ya yi ta dariya, ya ce Tabawa, idon mutum cikin kunnenai yake.”

Sannan na tambayi abin da ya rage mini.

“Inna, a garinmu ya yini a bakin rijiya. Ke nan ya shirya mana namu. Me ya shirya?”

Ta dube ni sosai. “Ku ne garin da ruwa ya kora?”

“Mu ne.”

“Ashe kuna nan. Ya sha hwaɗin ku. Yakan ce akwai gari guda can gabas da bai sallama ba, ya bar su a bakin kogi. Kowace kaka sai ya ce bana zai koma. Wata shekara injin ya lalace, wata shekara ciwo, daga baya bidiyo ta shigo, ba mai son hoton da ba ya magana. Amma mi ya shirya muku, bai taɓa hwaɗa ma kowa ba kahin lokaci. Ko ni.”

Na tambayi kayan. Akwatin hasken an sayar wa maƙera tun yana da rai. Gwangwanayen suna nan, ta ɗauko mini su, masu faɗi kamar faifai. Na buɗe na farko, irin kuɓewa ne a ciki. Na biyu irin yakuwa.

“Zaren fa, Inna?”

Ta ɗauki sandarta ta ce in biyo ta. Bayan gida kaɗan gonar ɗanta take. Tun daga nesa na hango wani abu yana walƙiya bisa kan gero. An kakkafa sanduna, an ja zaren majigin daga wannan zuwa wancan, ya kewaye gonar ya ratsa tsakiyarta, iska na kaɗa shi yana ƙara kamar busasshen ganye. Tsuntsaye ake kora da shi. Ta ce damina ta uku ke nan suna haka, kuma ba gonar da ta kai tasu tsira daga jan baki a duk ƙauyen.

Na shiga cikin geron na kama zaren. Faɗinsa bai wuce ɗan yatsa ba, da ƙananan huji a gefe. Na ɗaga shi saitin rana. Babu komai, rana da ruwa sun wanke shi tas. Na bi shi sanda bayan sanda, ina ɗagawa ina dubawa, ƙaiƙayi na zubo mini a wuya. A nan ne duwatsun suke, da dokin, da kogin da muka kwana arba'in muna kwaikwayo a kan jakuna, ga shi duk ya koma fari kamar farcen hannu. Ban ga laifin kowa ba. Gero abinci ne.

Da muka komo ta shiga ɗaki ta daɗe, ta fito da wani guntu da ta ɗaure bakin jakar allurarta da shi. Tsawonsa kamu ɗaya, rana ba ta taɓa shi ba. Na ɗaga. Rabinsa rubutu ne fari a kan baƙi. Ɗaya rabin kuwa ga shi nan, ƙanƙane kamar ƙwayar wake, mutum a kan doki da farar malafa, sau goma sha ɗaya a jere, kowane ya ɗan fi na bayansa ɗaga hannu.

“Ka kai ma wan naka,” in ji ta. “Ka ce mai Idi na gaishe shi.”

Na kwana a ƙauyen, ɗanta ya ba ni ɗakinsa. Suka yanka mini zabo, na ji kunya ƙwarai.

Rana ta huɗu: komowa

Na bar ƙauyen shida da rabi, amalanke ya rage mini hanya zuwa Cadakori, mota ta kai ni Maraɗi sha ɗaya saura. A tasha na zauna kusa da wasu samari uku da suka haɗa kai a kan wayar hannu. Na leƙa. Turawa ne da dawaki da bindigogi, mai launi, kuma wani mutum ɗaya yana magana a bakinsu duka da Hausa, yana ƙanƙance murya in mace ce. Na ce musu na san wanda ya fara wannan sana'a a ƙasar nan da ƙoƙo biyu. Suka ce, “To, Baba,” suka koma kallonsu.

A motar Gazawa na dace da wata malamar lakol, wato makarantar boko, a kujera ɗaya. Ni na iya haruffan da ke jikin guntun zaren, na kwafe su ma a littafina, amma ba su haɗa mini kalmar Hausa ko ɗaya ba. Na roƙe ta ta duba. Ta kara shi a gilashin taga, ta runtse ido ɗaya.

“Ingilishi ne, Baba. An rubuta: bayan kwana uku.”

“Shi ke nan?”

“Shi ke nan.”

Na tuna yadda Idi yakan dubi irin wannan rubutu ya gyara murya ya zubo magana mai tsawo, da rantsuwa da kirari. Ashe shi ma bai iya karatu ba. Ya rasu bai samu ajin da ni na samu ba.

Daga Cadawa har Agye tunani ɗaya nake yi. Yaya ba ya gani, ba ya fita, ba wanda zai ƙaryata ni. Ina iya ce masa na ga zaren da idona, mutumin ya kira uwar garke da sunanta sun biyo shi. Wannan ne zai fi yi masa daɗi, na sani. Har na fara shirya yadda zan faɗa. Muka sauka Gazawa biyar saura minti goma, na iso gida ana kiran magariba.

Bayan salla na same shi a zaure inda na bar shi. Ya ji takuna ya ce, “Laminu? Ka same shi?”

Da na buɗe baki sai abin da na shirya ya ƙi fitowa. Na gaya masa komai yadda yake: Idi ya rasu, ga abin da tela ya ce, ga na Baffa Buba, ga na Alhaji Nomau, ga gwangwani na uku da bai taɓa zuwa ba, ga gonar gero. Na gaya masa Idi ya shirya mana namu ya tafi da shi, kuma bai manta da mu ba har ya mutu. Na sa masa guntun zaren a hannu. Ya bi hujin gefen da babban yatsa tun daga farko har ƙarshe, ya sake komowa.

“Yana ciki?”

“Yana ciki, Yaya. Yana kan doki.”

“Ta wane gefen kogin?”

“Ba a ganin kogi a nan. Bai kai ba tukuna.”

Can ya ce, “Na Buba ya fi daɗi. Da shi ka kawo mini kaɗai da na san ƙarya kake, don ni na kira tawa da sunanta kwana huɗu a dajin nan.” Ya ja numfashi. “Ni duk zamana nan, gani nake akwai abin da mutumin nan ya yi a ƙetaren ruwa wanda ni ban sani ba. Nake cewa da ruwa bai kore mu ba, da na ga dabarar, da ban komo da sanda kawai ba. Ashe ba wanda ya ƙetare.”

“Ba wanda ya ƙetare, Yaya.”

Ya naɗe zaren a yatsa ya sa a aljihu. “Yaushe kasuwar Gazawa?”

Na gaya masa.

“Ka nemo amalanke. Ɗan ƙanwarmu Hajara zai sayi san noma, kuma yaron nan ko tunkiya aka sa wa ƙaho saye zai yi.”

Ranar kasuwa na kai shi. Ya sauka a kara yana riƙe da kafaɗata, dillalai suka yi ta kiran Kaboyi, Kaboyi. Ya shafa bijimai shida daga tozo zuwa wutsiya, ya buɗe bakin kowane ya lalubi haƙora, ya ƙi biyar ya zaɓi ɗaya. Bai ambaci majigi ba ranar, kuma bai sake ambata ba har yau.

Na gode wa Allah da ya kai ni ya komo da ni lafiya. Na gode wa Baba Mamman na Agye, da Alhaji Nomau duk da bakinsa, da Baffa Buba, da Inna Tabawa da ɗanta, da malamar da ban tambayi sunanta ba, da malamin ajinmu da ya duba mini rubutun nan.

Abin da ya salwanta kuwa ga shi. Shanun Yaya goma sha huɗu: saniya tara, bijimi biyu, maraƙi uku. Idanunsa biyu. Zaren majigi cikin gwangwani biyu, ban da kamu ɗaya. Gwangwani na uku da ba wanda ya taɓa gani. Idi, shekara tara a ƙasa. Da ƙarshen da ya shirya wa garinmu, guda ɗaya.